Hangen Dala Ba Shiga Birni Ba: Jawabin Kwamitin Samari a Taron Ƙungiya, Gure



Ranka ya daɗe maigari, Allah gafarta malamai, iyayenmu maza da iyayenmu mata, yayyenmu da ƙannenmu da suka taso daga Damagaram da Yamai da Kano domin wannan taro, da kuma waɗanda ci-rani ya riƙe, waɗanda sai dai takardar ƙungiya ta iske su a masauki: muna gaishe ku gaisuwa mai yawa, muna yi wa baƙi barka da hanya.

Shugaba ya ba mu izini, mu ƴan kwamitin samari, mu yi magana a kan yaranmu masu cewa su da ƙwallo za su ci abinci. Mun san akwai dattijon da zai ce wannan ai zancen yara ne, bai kai a tara manya a kansa ba. Da a nan abin ya tsaya, da mun fi kowa murna. Amma an fara shigowa gidajenmu da takardu masu hatimi, ana cewa wata ƙungiya a ƙasar waje tana jiran ɗan wane, kuma an fara kai dabbobi kasuwa saboda waɗannan takardu. Zancen da ya kai ga sayar da saniya ya wuce zancen yara.

Abin da muke so mu shimfiɗa a gabanku shi ne yadda hanyar take a gaskiya, tun daga ƙwallon tsumma a bayan lakwal har inda ake biyan mutum albashi don ya yi wasa. Hanyar tana nan, ba tatsuniya ba ce, akwai waɗanda suka bi ta suka isa. Sai dai matakala ce, hawa-hawa ake yi, kuma duk wanda ya ce zai ɗauki ɗanka daga ƙasa ya aza shi a kan soro ba tare da ya taka ko ɗaya ba, to aljihunka yake kallo.

Bari mu fara da abin da kowa ya sani. Tun 1975, da aka buɗe kokawar takobi a Tawa, Kantu na Maraɗi ya ɗauka, ba a taɓa yin wanda ya tashi daga ƙofar gidansu ya faɗa fili ranar ƙarshe ba. Yaro zai fara a dandali bayan an cire amfanin gona, ya ka da tsaransa, a kai shi garin maƙwabta, daga nan labarinsa ya iso Gure, a zaɓe shi a kai shi Damagaram, can ma sai an yi tankaɗe da rairaya kafin ya shiga cikin goman da jiha za ta tura. Jihohi 8, kowace da mutum 10, mutum 80 ke nan, takobi kuwa guda ɗaya. Isaka Isaka na Doso, wanda ya ɗauki takobinsa na 6 a Agadas a ƙarshen 2023, ta wannan ƙofa ya shigo. In yau wani baƙo ya ce wa ɗayanku, baba, kawo shanu biyu in sa ɗanka cikin goman jiha ba tare da ya ka da kowa ba, ai dariya za ku yi masa, ku nuna masa hanyar tasha. To, ƙwallo ma haka yake. Abin da ya sa ake cin mu a nan shi ne, kokawa mun san matakalarta tun daga ƙasa, ƙwallo kuwa ƙarshensa kaɗai muke gani a talabijin.

Saboda haka mu ɗauki ɗan ƙasarmu guda ɗaya wanda ya hau matakalar, mu bi shi taki-taki. Kowa a nan ya san sunan Musa Ma'azu. An haife shi a Yamai ranar 25 ga watan Agusta 1988. Ba da Turai ya fara ba. Ƙungiyar sojoji ta AS FAN ya fara yi wa wasa a gasar ƙasa, a gaban jama'ar Yamai, mako bayan mako, har ya yi suna wajen zura ƙwallo a raga. A watan Janairu 2008, yana da shekara 19, ƙungiyar Lokeren ta ƙasar Beljiyam ta ɗauke shi. Lokeren ƙaramin gari ne, ƙungiyar ma ba ta cikin manyan Turai, kuma wannan shi ne taimakon da aka yi masa, domin a irin waɗannan wurare ake ba baƙon yaro dama ya taka leda. Ya yi shekara guda yana cin ƙwallaye, sai a farkon 2009 ƙungiyar CSKA ta birnin Mosko ta saye shi a kan kuɗin da jaridu suka ce ya kusa yuro miliyan 5, wato sama da miliyar 3 na sefa. Jama'a, a lura da wanda ya ba wani kuɗi a nan. Ƙungiya ce ta biya ƙungiya. A wannan sana'a kuɗi daga sama suke gangarowa zuwa ƙasa, ba daga garken uban yaro suke hawa sama ba.

Da yaranmu ne masu ba da labarin, da nan za su tsaya. Mu ba za mu tsaya ba, don abin da ya biyo baya ya fi amfani. Mosko ba ta karɓe shi yadda aka zata ba. Bai samu gindin zama ba, a watan Janairu 2010 aka ba da shi aro ga Monako. Can ya farfaɗo. Shi ne ya ci wa Monako ƙwallo ɗaya tilo a kan Lens, bayan an yi ƙarin lokaci, ya kai su wasan ƙarshe na kofin Faransa, inda PSG ta doke su da ci 1 da nema. Daga nan aka sake ba da shi aro ga Bordo, abin bai yi daɗi ba, ya koma Monako a farkon 2011, bai daɗe ba ya ji mummunan ciwo a gwiwa. Mutum yana da shekara 22, ƙafar da yake cin abinci da ita ta ƙi, ya kwanta wata da watanni.

A tsakanin nan ne ya yi wa ƙasa abin da ba za a manta ba. Ranar 10 ga watan Oktoba 2010, a filin Janar Seyni Kunce na Yamai, Mena ta kara da Masar, wadda ta ɗauki kofin Afirka sau uku a jere, 2006 da 2008 da 2010. Ma'azu ya jefa ɗaya, aka tashi 1 da nema. Waɗanda ke kusa da rediyo ran nan sun tuna. Wannan nasara na cikin abin da ya kai mu gasar kofin Afirka ta 2012 a Gabon da Ikwatoriyal Gini, karo na farko a tarihinmu, ƙarƙashin mai horarwa Haruna Dula. Akwai abin dariya a cikin zuwan namu, kuma da gangan za mu faɗe shi. Ranar ƙarshe Masar ta ci mu 3 da nema, Afirka ta Kudu kuwa ta yi kunnen doki da Saliyo, ƴan wasansu suka shiga rawa a fili suna zaton sun wuce. Ashe ba su karanta ƙa'idar gasar ba. Ƙasashe uku muka yi maki 9, ƙa'ida ta ce a duba karawar da ukun suka yi tsakaninsu, aka duba, mu muka wuce. Ƙasa guda, da manyanta da lauyoyinta, ta yi rawa a banza don ba ta karanta takarda ba. Ina ga dattijon ƙauye da aka miƙa wa takarda cikin harshen da bai taɓa ji ba?

Bayan gwiwa ta warke Ma'azu bai koma inda yake ba. Ya yi Zulte Waregem a Beljiyam, ya yi Le Mans a Faransa, ya sauka Tunisiya wajen Étoile du Sahel, ya yi ƙungiya biyu a Fotugal, ya tafi Sin, ya dawo Danmak, ya sake komawa Faransa wajen Ajaksiyo da Lens. Ba muna faɗin wannan don mu rage masa daraja ba. A ganinmu ƙasar nan ba ta fitar da masu cin ƙwallo da yawa kamarsa ba, kuma mutumin da ya yi shekara fiye da 10 ana biyansa a ƙasashen mutane ba rago ba ne. Abin da muke nunawa shi ne, wannan fa shi ne wanda ya yi sa'a. Shekarun da ya yi a ƙololuwa ba su fi a ƙirga da yatsun hannu ɗaya ba, sauran duk ɗaurin kaya ne da kwance kaya. Ita kanta Lokeren da ta fara ɗaukarsa, bashi ya rushe ta a 2020. Ku da kuke ci-rani kun fi kowa sanin irin wannan rayuwa: yau kana Kano, gobe kana Agadas, aikin bana ba ya tabbatar da na baɗi. Ƙwallo ci-rani ne, sai dai shi ana nuna shi a talabijin.

Yanzu mu zo kan maganar shekaru, wadda ita ce wuƙar da za ku yanke ƙaryar mayaudari da ita. Hukumar ƙwallo ta duniya, FIFA, tana da doka tun 2001: ba a ɗaukar yaro daga ƙasa zuwa wata ƙasa don ƙwallo sai ya cika shekara 18. Akwai ƴan togaciya, kamar in iyayensa ne suka yi ƙaura don wani dalilin da ba ƙwallo ba, amma babu wadda ta shafi yaron da ke zaune a Gure ko Gidigir ko Kelle. Kuma dokar ba ta wasa ba ce. An hukunta Barcelona a kanta a 2014, an hukunta Chelsea a 2019, aka hana su sayen ƴan wasa na wani lokaci. Ga misali na kusa. Ahmed Musa, haifaffen Jos, ya ci ƙwallo 18 a kakar wasa ta 2009 zuwa 2010 yana Kano Pillars, ƴan'uwanmu mazauna Kano sun gani da idonsu a filin Sani Abacha. Ƙungiyar VVV Venlo ta ƙasar Holan ta neme shi, aka gama ciniki, amma sai da ya jira ranar 14 ga watan Oktoba 2010, ranar da ya cika 18, kafin a ba shi izinin yi musu wasa. Yaron da Nijeriya duka ta san sunansa bai tsallake dokar ba. To, in wani ya ce zai kai ɗanka mai shekara 15 wata ƙungiya a Turai, ko dai bai san aikin ba, ko ya sani ya raina ka.

Shi Ahmed Musa, CSKA ɗin nan da ba ta yi wa Ma'azu daɗi ba ita ta saye shi a 2012, shi kuwa ta karɓe shi, ya ci kofuna, Leicester ta Ingila ta ɗauke shi a 2016, ya ci Ajantina biyu a kofin duniya na 2014, ya ci Aisland biyu a na 2018. Gida ɗaya, baƙi biyu, kowa da rabonsa. Amma dukansu a gasar ƙasarsu aka fara ganinsu.

Mayaudari yana da amsa ga wannan doka, kuma amsar ta fi cutar muni. Zai ce a gyara takardar haihuwa, a ƙara shekaru ko a rage, yadda ciniki ya kama. Mun san yawancin yaranmu a gida aka haife su, takardar sai daga baya ake yanka ta wajen alƙali in za a shiga jarrabawa, saboda haka wasu na ganin shekara biyu ko uku ba wani abu ba ne. A ƙwallo wani abu ne. Tun 2009 ake sa hannun ƴan ƙasa da shekara 17 cikin na'urar asibiti, a ɗauki hoton ƙashin wuyan hannu, a ga ko ya gama haɗewa. A 2016, ana gab da karawa da yaranmu, Nijeriya ta gwada nata, fiye da 20 suka faɗi aka sallame su. Yaranmu suka fitar da Nijeriya, suka je Gabon, daga can suka samu zuwa kofin duniya na yara a Indiya a 2017, suka doke Koriya ta Arewa, suka tsallake zagayen farko kafin Gana ta tsayar da su. Yaron da aka kama da shekarun ƙarya, sunansa ya ɓaci, takardar kuma tana nan tana binsa har wajen neman aiki da fasfo.

Yara za su ce mana, ai Sajo Mane ɗan ƙauye ne kamarmu, daga Bambali ya gudu ya tafi neman ƙwallo. Gaskiya ne. Amma ina ya tafi? Dakar ya tafi, babban birnin ƙasarsu, ya shiga makarantar ƙwallo ta Génération Foot, wadda ke da yarjejeniya a fili da ƙungiyar Metz ta Faransa. Bai taka Turai ba sai 2011, bayan ya cika 18.

Akwai wani labari daga nesa da muke so iyaye mata musamman su ji, ko da yake wasan ba namu ba ne. Ana ce masa zari-ruga. Ƙwallonsa ya yi kama da ƙwai, mutum 15 ne kowane ɓangare, ana ɗaukarsa a hannu a ruga da shi, abokan karawa su rungumo mutum su ka da shi. Rabinsa ƙwallo, rabinsa kokawa. A Yamai akwai masu yinsa, amma a Afirka ta Kudu shi ne wasan da Turawan ƙasar suka riƙe kamar gadon gidansu a zamanin wariyar launin fata. A wata unguwar talakawa da ake kira Zwide, kusa da birnin Port Elizabeth, aka haifi Siya Kolisi ranar 16 ga watan Yuni 1991. Iyayensa yara ne ƙanana lokacin, kakarsa ta wajen uba ita ta rene shi, gidan kuwa wani lokaci a kwana ba a ɗora tukunya ba. Ya fara wasa a ƙungiyar unguwa da makarantar firamare. Yana da shekara 12 aka kai su gasar yara a garin Mossel Bay, masu ido suka gan shi, aka ba shi gurbin karatu kyauta a makarantar Grey, ɗaya daga cikin manyan makarantun birnin. Ya shiga da harshen Xhosa a bakinsa, Ingilishi sai kame-kame, dole ya zauna a aji ya koya. Mahaifiyarsa ta rasu yana da shekara 15. Daga makaranta ya shiga ƙungiyar matasa ta lardinsu, a 2010 ya koma ta Western Province a birnin Kef, ya yi wa ƙasa wasa cikin ƴan ƙasa da shekara 20, a 2012 ya shiga Stormers inda ake biyan albashi sosai, ranar 15 ga watan Yuni 2013 kuma, ana gobe zai cika 22, ya sa rigar babbar ƙungiyar ƙasa a karawa da Sikotlan. Ku ƙirga: daga ranar da aka gan shi zuwa ranar nan shekara 10 ne. A 2018 aka ba shi kyaftin, baƙar fata na farko da ya jagoranci ƙungiyar a babbar karawa tsakanin ƙasashe. Ya ɗaga kofin duniya a Japan a 2019, da suka ci Ingila 32 da 12, ya sake ɗagawa a Faransa a 2023, da suka ci Niyu Zilan 12 da 11.

Abin da ya sa muka kawo shi, ƙofar da ya bi ƙofar aji ce. Wasa ne ya sa aka gan shi, amma makaranta aka kai shi, ba jirgi aka sa shi ba, kuma ba a ce kakarsa ta kawo ko dala ba. Yaran da ke ce wa inna lakwal ɓata lokaci ce ga mai ƙwallo, a tambaye su wa zai karanta musu yarjejeniya ranar da aka miƙo ta.

To, mu dawo gida. Tsakanin bara da bana gida biyu daga cikin gidajenmu aka shiga. Ba za mu kama suna ba, don ba tonon asiri ya tara mu ba, kuma waɗanda abin ya sama mutanen kirki ne, son ɗa ne ya ja su. Salon duk iri ɗaya ne. Mutum zai zo da kaya masu tsabta, ya tsaya bakin fili kwana biyu, ya kira yaro gefe ya ce bai taɓa ganin ƙafar hagu irin tasa ba. Sai ya nuna hotuna a waya, shi da wasu Turawa, sai takardar gayyata mai tambarin ƙungiya, wadda kowane yaro mai kwamfuta zai iya bugawa. Daga nan sai gaggawa: gurbi ɗaya ya rage, in ba a biya kafin Juma'a ba za a ba ɗan wani gari, kuma kada a gaya wa kowa saboda mahassada. Wannan kada a gaya wa kowa ita ce babbar alama, domin ya san in magana ta kai kunnen mutum uku ɗaya zai gane. Gida ɗaya aka sayar da shanu biyu, ɗayan aka jinginar da rabon dabino na kwari. Yaro ɗaya ya dawo da kuɗin mota na aro. Ɗayan yana can wata tasha a wata ƙasa yana dako, fasfonsa na hannun wanda ya kai shi, kunya ta hana shi waiwayar gida. Mun samu wanda ya gan shi, kwamiti kuma ya roƙi ma'aji ya buɗe shafi don kuɗin motarsa. In Allah ya kawo shi, muna roƙon kowa, babba da yaro, kada a tare shi da ina ƙwallon.

Ƙungiyar da take son yaro da gaske ita ke aiko da kuɗin tafiya, ita ke ba shi masauki. Dillalin ƴan wasa na gaskiya yana da lasisin FIFA, tun 2023 ma sai ya ci jarrabawa ake ba shi, ana iya duba sunansa ta intanet, ladansa kuma daga cinikin da ya ƙulla yake fitowa. Sannan ɗan wasa ba ya komawa ƙungiyar wata ƙasa sai hukumar ƙwallon ƙasarsu ta ba da takardar sallama, a wajenmu FENIFOOT ke nan. Yaron da sunansa bai taɓa shiga littafin kowace ƙungiya ba, wa zai sallame shi, daga ina?

Kada kuma a ji wannan a ce to a hana yara ƙwallo. Mu ba mu goyi bayan haka ba. Yaron da aka hana a fili zai yi a ɓoye, kuma wanda ke yi a ɓoye shi ne abincin mayaudari, don ba shi da babban da zai yi shawara da shi. Gara ka san filin da ɗanka yake da yamma da ka rasa inda yake. Matakalar tamu ma tana nan, ko da yake doguwa ce: daga nan zuwa Damagaram fiye da kilomita 150, zuwa Yamai fiye da 1,000, kuma masu neman ƴan wasa ba su cika wuce Damagaram ba. Amma Arlit ma ba kusa ba ce, daga can Amadu Mutari ya fito, ta ƙungiyar Akokana, ya tafi Faransa, ya yi Rasha da Hangari, ya sa rigar Mena. Yaron da ya fi kowa a gasar makarantu ko gasar hutu, mataki na gaba shi ne ƙungiya mai rajista a jiha, irin su Espoir ta Damagaram, inda za a yanka masa lasisi da sunansa da shekarunsa na gaskiya. Daga nan sai rukunin farko, inda yawancin manyan ƙungiyoyi na soja ne da jandarma da ƴan sanda da duwan da kamfanonin gwamnati. Mafi yawan waɗanda suka hau nan za su tsaya, abin da ake samu kuwa a gasar gida bai kai a sayar da gona a dogara da shi ba. Shi ya sa muka nace a kan karatu ko sana'ar hannu a gefe.

Lasisin nan yana da wani amfani da ba kowa ya sani ba. A dokar FIFA, in aka sayar da ɗan wasa daga ƙasa zuwa ƙasa, ana cire kashi 5 cikin 100 na kuɗin a raba wa ƙungiyoyin da suka rene shi tun daga shekara 12 zuwa 23. Kashi 5 na miliyar 3 miliyan 150 ne. Amma sai ƙungiyar da ke da rajista, wadda sunan yaron ke cikin littafinta. Garin da ya rene yaro ba takarda, ko da yaron ya zama wani abu, sai dai ya ji a rediyo.

Saboda haka ga abin da kwamiti ke roƙon taro ya amince da shi. Duk wanda aka kawo wa takarda irin wannan, kada ya ba da ko tamma sai ya kawo ta an karanta masa, mu kuma za mu sa ƴan'uwanmu na Damagaram su kai ta ofishin hukumar ƙwallo ta jiha a tambaya. Ba za mu faɗa wa kowa wanda ya kawo ba. Yayyenmu na masauki, ku ne yaro ke fara sauka wajenku in ya gudo. Ku ba shi abinci da wurin kwana kamar yadda aka saba, amma ku kira gida a daren, kada ku zama ku ne masu haɗa shi da wani wai mai hanya. Yaran da ba su da takardar haihuwa, magatakarda zai rubuta sunayensu bayan an tashi, a nema musu gaba ɗaya da shekarunsu na gaskiya.

Sai maganar fili. Muna so a ba mu izinin shirya gasar hutu tsakanin unguwanni da garuruwan kewaye, da sharaɗin ba mai shiga sai ɗan lakwal, ko almajirin da malaminsa ya yarda, ko mai koyon sana'a da maigidansa ya san da zuwansa. In ta yi kyau shekara biyu, sai mu nemi rajistar ƙungiya guda da sunan gari. Abin da muke bukata bai da yawa: ƙarafan raga guda biyu, ƙwallaye, riguna kala biyu, da hannun da za su kwashe yashin da iska ta tara a gefen gabas na filin lakwal, wanda ya riga ya cinye kusurwa guda. Mutanen Kano sun ce riguna a bar musu. Kwasar yashi mun sa ranar Lahadi da safe, kowa ya zo da shebur ko kwano, mai amalanke ya taimaka da ita.

Ranka ya daɗe, iyayenmu, abin da muka zo da shi ke nan. In akwai inda ƙuruciya ta sa muka yi tsalle, ku ja mu baya. Muna sauraren abin da za ku ce.